Fadamar da La'asar Ba Ta Ƙarewa

Kakata ba ta taɓa raɗa wa wurin suna ba. "Fadamar can" kawai take cewa, tana nuni da haɓa wajen da garinmu Maradi ke gangarawa zuwa Gulbi. In na ce mata, "Kaka, ai jiya ma can muka je tsinkar mangwaro," sai ta harare ni ta ce, "Kai dai angona ba ka da wayo. Wadda kunka tahi daban, waccan daban, amma ƙofarsu guda."

Ga yadda wurin yake a bakinta. Ba a zuwansa da niyya. Mai yankan ciyawa ne zai sunkuya da laujensa bayan la'asar, ya ɗago, ya ga itatuwan da ya sani suna nan daram, amma inuwarsu ta juya tana fuskantar rana. Ko yarinya ta bi akuyar da ta tsinke, ta ratsa tsakanin gawo biyu, shi ke nan ta shiga. A ciki rana ba ta gusawa daga la'asar sakaliya. Sawun mutum yana gabansa a kan laka, shi ne ke bi yana sa ƙafa a ciki. In ya yi kira, amsa ta riga kiran zuwa. In ya leƙa ruwa ba zai ga fuskarsa ta yau ba, sai ta ubansa yana saurayi, ko tasa ranar da haƙora suka zube. A gona ɗaya, hannun dama ana shuka, hannun hagu ana girbi. Har kasuwa akwai, ana ciniki da wuri, abin da ake kasawa kuwa duk kayan da suka taɓa ɓata a gari ne: zoben da ya faɗa rijiya, ɗan maraƙin da ruwa ya tafi da shi, waƙar dakan da matan yanzu suka manta. Dokokin wurin uku ne. Kada ka ci, kada ka ƙirga, kada ka amsa in an kira sunanka na yanka.

Babu wannan wuri, na faɗa tun yanzu kada wani ya tare kabu-kabu ya ce a kai shi. Abin da ya dame ni tun da na yi hankali shi ne, me ya sa fadama? Ga tudu, ga daji, ga kufai, duk wuraren da tatsuniya ke zuwa yawo. Me ya sa da tsohuwar nan ta tashi gina wurin da lokaci ke rikicewa, sai ta kafa shi a cikin laka?

A fara da ƙasar kanta. Gulbin Maradi daga Najeriya yake tasowa, ta wajen Katsina, ya shigo Nijar ta ƙasar Madarunfa, ya wuce Maradi da Tibiri da Gidan Rumji, sa'an nan ya sake komawa Najeriya ya haɗu da ruwan Rima. Amma ƴan watannin damina kawai yake kogi. Sauran shekara rairayi ne da amalanke ke ratsawa, a gefensa lambunan tumatir da albasa da rogo, can wajen Jiratawa kuma zogale. Inda ka tsaya a watan Maris kana cinikin kwandon tumatir, a watan Agusta ruwa zai iya shanye ka har kai. In baƙo ya nuna wurin ya ce, "Nan mene ne?" ba ka da amsa sai ka fara tambayarsa, "A wane wata?" Tudu ba ya buƙatar wannan tambaya, tudu ne ko yaushe. Fadama kuwa ba ta cika wuri sai an haɗa ta da lokaci.

Kuma duk ɗan Maradi ya san gulbi yakan kawo ba tare da an yi ko ɗigo a gari ba. Can kudu aka tafka ruwan, nan sama tangaran, sai kawai a ji yara na ihu gulbi ya zo. Tun da aka gina madatsar Jibiya wajen 1990 ma abin ya ƙara sarƙewa, don yanzu har da hannun mai buɗe ƙofar ruwa a cikin lissafin. Wanda ya girma yana ganin ambaliya a ranar da ba hadari, in aka ce masa akwai inda amsa ke riga kira zuwa, ba zai yi gardama sosai ba.

Sai gawo, wanda kaka ta sa a matsayin ƙofa. Ban tsammanin da gangan ta zaɓe shi, amma zaɓin ya yi daidai. Duk itatuwan ƙasarmu da damina suke ado, shi kuwa a lokacin yake kaɗe ganyensa ya tsaya tsirara, sai rani ya shigo kowa ya bushe sa'an nan ya yi kore. Shi ya sa manoma ke ƙaunarsa, ba ya tare wa gero rana, ga taki yana zubarwa. Itace ne da ke tafiyar da shekararsa a juye, a tsakiyar gonar kowa, ba kuma wanda ke mamaki don an saba.

Amma in ana neman halittar da ta fi kowa kama da mutanen fadamar can, gaiwa ce. Idan ruwa ya fara janyewa, sauran kifaye su bi shi ko su mutu, ita sai ta nutse cikin laka, ta naɗe jikinta, ta fitar da wani yauƙi da ke bushewa ya zame mata kamar jaka. Tana da huhu, don haka ta wata ƴar kafa take shaƙar iska. Bugun zuciyarta ya ragu, komai na jikinta ya lafa, tana rayuwa da abin da ke cikin tsokarta, wanda shi ne asalin maganar da ake yi cewa gaiwa jikinta take ci. Haka za ta kwashe watannin rani, sama an yi sanyi an yi bazara, an yi aure an yi suna, ita a wurinta daren jiya ne. Wanda ya taɓa ganin an fasa busasshiyar laka mai tsattsagewa an zaro kifi da ransa, ya riga ya ga rabin labarin kaka da idonsa. Ni na gani ina yaro, kuma har yau ban ga abin da ya fi shi ba ni tsoro a Gulbi ba.

Wannan zargi da ake yi wa laka, cewa tana riƙe abin da ya kamata ya wuce, ba mu kaɗai ke yinsa ba. A shekarar 1950, a wata fadama mai sanyi a ƙasar Danmak, wurin da ake kira Tollund, masu haƙar makamashi suka tono gawar wani mutum, gashin gemunsa da tattarar goshinsa duk suna nan. Suka kira ƴan sanda, a zatonsu kisan kwanan nan ne. Ashe ya kai shekara 2,400 a kwance. Ruwan irin waɗannan fadamu yana da tsami, ba iska a cikinsa, ga sanyi, don haka ƙwayoyin da ke ruɓar da nama ba sa iya aiki. Tamu fadamar ba ta yin haka, zafi da bushewar rani ba za su bari ba. Tasu tana ajiye matacce kamar mai barci, tamu tana ajiye mai rai kamar matacce.

Ɓatan hanya kuwa, wanda muke kira makuwa, ba ya buƙatar dogon bayani. Fadama da damina ciyawa ta fi mutum tsayi, ba dutse ba tudu da ido zai kama, sanyin safiya kuma yana tara hazo a cikin kwari. An gwada a shekarar 2009, aka saki mutane a wani daji na Jamus aka ce su miƙe sak. Waɗanda suka yi tafiyar rana a buɗe sun miƙe, waɗanda gajimare ya rufe musu ita kuwa suka yi ta kewaya suna dawowa inda suka baro, suna rantsuwa gaba suke yi. Ka ga mutumin da ya tarar da sawunsa a gabansa ke nan. Haka ma agogon da ke cikin kai: wani Bafaranshe mai suna Michel Siffre ya shiga kogon ƙarƙashin ƙasa a 1962 ba agogo ba hasken rana, da aka gaya masa lokacin fita ya yi ran 14 ga Satumba, a lissafinsa 20 ga Agusta ake. Kwana 25 suka zube masa bai ji faɗuwarsu ba.

Akwai masu karatun lakwal da in aka kawo irin wannan zance sai su yi tsalle su kamo Einstein, su ce ai kimiyya ma ta tabbatar lokaci ba ɗaya ba ne. Gaskiya ne, agogunan taurarin GPS suna riga na ƙasa da wajen kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kowace rana, har sai an gyara lissafin. Amma wannan bai shafi kaka ba ko kaɗan, kuma jawo shi cikin maganar rage mata daraja ne, kamar ana nema mata takardar shaida. Ita ba saurin lokaci ko jinkirinsa ne ya dame ta ba. A fadamarta lokaci ba ya zubar da komai, jibge shi yake yi wani kan wani, kamar yadda gulbi ke shimfiɗa sabuwar laka kan ta bara.

Inda ta samo ƙashin bayan labarin, a ganina, ya fi kusa da haka. Duk wanda ya zauna gaban malam ya san Ashabul Kahfi, samarin da suka kwanta a kogo shekara 309, suka farka suna cewa yini ɗaya ne ko wani yanki na yini, suka aiki ɗayansu gari da kuɗin azurfa ya sayo abinci. Ya kuma san mutumin da ke cikin Suratul Baƙara, wanda ya wuce wata alƙarya da ta rushe, Allah Ya matar da shi shekara 100 Ya tashe shi, abincinsa da abin shansa ba su sake ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Waɗannan ayoyi ne, ba tatsuniya ba, kuma kaka ba ta taɓa haɗa su da nata labarin a zama ɗaya ba, tana da wannan ladabin. Amma kunnen da ya tashi da su ya riga ya san cewa kwanakin da mutum ya ji a jikinsa da waɗanda aka ƙirga masa a waje ba dole su zo ɗaya ba. A ɗaya gefen kuma ga Maradi ta bori, garin da har sarautar Iya yake da ita, inda ake zancen Jangare, birnin iskoki da ido ba ya gani, da Sarkin Rafi, da Doguwa. Daga nan ta ɗauko ƙofar da ba a gani da garin da ke zaune a kan gari. Tsohuwar da ke azumin Litinin da Alhamis ce, ba ta zuwa wajen wasan bori, amma iskar garin ta shaƙa.

Duk wannan kayan gini ne. Ginin kansa yana wajen mutumin da ya dawo, don labarin bai taɓa daɗewa a cikin fadamar ba, kullum sauri take ta fito da shi.

Mai yankan ciyawar nan, in ji ta, ya ɗaure jakinsa a gindin gawo, ya cika dami ɗaya, ya kiyaye dokokin nan uku, ya samu hanya ya fito. Ya hau gangare da ciyawa ɗanya shar a kansa, yana sauri kada magariba ta riske shi. Ya iso ƙofar gidansa ya yi sallama, wani saurayi mai gemu ya fito ya ce, "Baba, wa ake nema?" Ɗansa ne da ya bari a goye. Shekara 20. Matarsa tana gidan wani da ƴaƴa huɗu. Gonarsa kuwa tana nan da sunansa, ƙanensa ke nomawa, ba a raba ba.

Ina yaro wannan ya ɗaure mini kai. In an ɗauka ya mutu har matarsa ta yi aure, me ya hana a raba gado? Sai da na girma na ji ana karanta babin a Risala, littafin fiƙihun Malikiyya da ake biyawa a zaurukanmu, na gane kaka ba kuskure ta yi ba. Hukuncin wanda ya ɓace ke nan. Matarsa ta kai magana gaban alƙali, a bincika, in ba labari a yanka mata shekara 4, bayan nan ta yi takaba wata 4 da kwana 10, ta yi aure in ta so. Dukiyarsa kuwa ba a taɓa ta sai an kai shekarun da irinsa ba ya wuce su a raye, abin da malamai da yawa suka ƙiyasta da 70 daga haihuwarsa. In kuma ya dawo bayan ta tare a gidan na biyu, ba shi da hanya a kanta. Duba da kyau: mutum ɗaya, agogo biyu. Ta wajen matarsa ya mutu tuntuni, ta wajen gonarsa yana raye. Ba a fadamar aljanu aka rubuta wannan ba, a littafin shari'a ne, kuma hikima ce tsantsa, don mace ba ƙasa ba ce da za a ce ta jira shekara 40. Amma wanda abin ya faɗa wa, ya tsaya a ƙofar gidansa rabinsa mamaci rabinsa mai gona, wace fadama ce ta fi wannan?

Kuma irinsa ba su ƙare ba. Garin fatake ne da ƴan ci-rani. Da can Kano da Ikko da Gwanja ake tafiya, yanzu har da Agadas, a haye sahara zuwa Libiya ko Aljeriya. Wani waya ta yanke ke nan, shekara biyar, shekara takwas, uwa ta hana a yi masa sadaka, mata tana zaune ba aure ba saki. Wani kuma ya dawo, a kansa garin da ya bari yana nan yadda yake, yana tambayar mutanen da aka binne, yana lissafi da farashin da ya shuɗe. Waɗanda suka ga watan Janairun 1994 sun san ba sai ka yi tafiya ba ma: aka kwana aka tashi darajar sefa ta rabu biyu, jikar da ke aljihunka ita ce dai, amma ba ita ba ce. Saurayin Kahfi da tsohon kuɗinsa a kasuwa ba baƙo ba ne ga ɗan kasuwar Maradi.

Akwai kuma abin da kaka ba ta taɓa faɗa a cikin labarin ba, sai a wasu hirarrakin daban. A shekarar 1945 Gulbi ya cika ya ci tsohon garin Maradi, wanda a cikin kwarin yake zaune. Turawan Faransa masu mulki a lokacin suka mai da garin kan tudu, aka yanka miƙaƙƙun titunan da muke bi yau. Tana yarinya aka yi wannan, "shekarar da ruwa ya ci gari" take kiranta. Wato inda muke zuwa tsinkar mangwaro, ita a nan aka yanke mata cibiya. Akwai wata bishiya da in mun wuce takan rage tafiya, ban taɓa tambayarta dalili ba, yanzu kuma ba halin tambaya. Da take cewa wadda muka je daban, waccan daban, amma ƙofarsu guda, ba azanci take yi ba. Mu lambu muke gani, ita tana ganin lungu da rijiya da ɗakin uwarta, duka a fili ɗaya, a la'asar ɗaya. Kasuwar da ake kasa kayan da suka ɓata kuwa, ai mutanen da ruwa ya kwashe wa komai a dare ɗaya ne kawai za su iya ƙirƙiro ta.

In aka ja baya kaɗan, garin gaba ɗaya haka yake zaune. Da jihadi ya ci Katsina wajen 1807, gidan sarautar Haɓe ya yi arewa, daga baya Ɗan Kasawa ya kafa mulki a nan bakin Gulbi. Fiye da shekara 200 ke nan, amma har yau mai sarautar Maradi Sarkin Katsina ne, da Ƙaura da Durbi da Ƴanɗaka da Galadima, kamar yadda aka baro su. Nan kusa a Tibiri ga Sarkin Gobir, alhali Alƙalawa ta faɗi tun 1808. Ba na faɗin wannan da izgili, ni ma jinin wurin ne. Abin da nake nufi, mutanen da suka ɗauko gari sukutum suka dasa shi a wani wuri suka ci gaba da kiransa da tsohon sunansa, sa'an nan ruwa ya sake tashinsu, ba a bukatar a koya musu cewa jiya tana iya zama a ƙarƙashin yau tana numfashi ta ƴar kafa.

Dokokin nan uku ma daga nan suke samun ma'ana. Hana ci a fili yake, wanda ya ci tuwon gida ya zama ɗan gida. Sunan yanka kuwa mun san nauyinsa, mu da uwa ba ta kiran ɗan farinta da shi, mata ba ta kiran miji. Wanda ya san shi yana da igiya a wuyanka. Ta ƙirga ce ta fi ba ni wahala, kuma ita na fi so. Na daɗe ina ɗauka tsoratarwa ce kawai irin ta tsofaffi, kamar yadda ba a son a ƙirga ƴaƴan mutum a gabansa. Yanzu ina ganin jinƙai ce. Muddin mai ciyawa bai ƙirga ba, la'asar ɗaya ce, yana da ƙarfin ɗaukar daminsa ya nemi hanya. Ranar da ya tsaya ya lissafa damina nawa ta wuce shi, gwiwarsa za ta sage, ya ce me zan koma in tarar, ya zauna. Duk wanda ya taɓa jin ɗan ci-rani yana cewa "bana dai zan koma" shekara goma a jere, ya san da wannan rashin ƙirgar yake rayuwa. Samarin kogo ma da suka fara gardamar kwana nawa suka yi, ba su ja ta ba, suka mai da sanin ga Ubangijinsu suka koma zancen abinci.

Shi ya sa nake jin haushin irin ƙagaggun labaran da ake cika su da abin mamaki ba ƙa'ida, kifi na tashi sama, dutse na magana, kome na iya faruwa don haka ba abin da ke da nauyi. Fadamar kaka ba haka take ba. Kowane abin al'ajabi a cikinta yana da bashin da wani zai biya a waje, kuma yawanci ba wanda ya shiga ne kaɗai ke biya ba, har da matar da ta jira shekara huɗu da yaron da ya tashi ba uba.

Ƙarshen labarin yakan sauya gwargwadon daren. In tana cikin nishaɗi, mutumin ya karɓi gonarsa, ɗansa ya yi masa aure, ya zama abin kallo a gari, saurayi mai ɗa sa'ansa. In ranta ba daɗi, sai ya sauke damin a ƙofar gida, ya juya ya gangara, ba a sake ganinsa ba, ciyawar kuwa ta yi shekara ba ta bushe ba, ba dabbar da ta yarda ta ci. Wani dare, ina tsammanin na ƙure ta, na ce, "To Kaka, jakin fa? Kin manta da jakin da ya ɗaure a gindin gawo." Ta gyara kwanciya ta juya mini baya, ta ce, "Wa ya ce maka na mance? Shina can ɗaure. Ko harawar da anka zuba mashi bai gama ci ba."